Yadda Za Ka Mori Idon Zucinka

Gidan da ka tashi a cikinsa, ƙofa nawa gare shi? Kada ka yi saurin amsawa, ƙirga tukuna. Yawancin waɗanda aka yi wa wannan tambaya sukan yi shiru, ido ya tafi wani wuri, leɓe na motsi. Sun shiga ta zaure ke nan, sun bi ɗaki ɗaki, sun zagaya bayan rumbu, har sun tuno da 'yar ƙofar langa-langa ta makewayi. Ba wanda ya taɓa haddace adadin. Gidan aka sāke ginawa a cikin kai, sannan aka ƙirga. Ɗan acaɓa ma haka yake yi in ka ce ya kai ka Madakiya daga tsohuwar tashar jirgin Kafanchan: kafin ya yanka maka kuɗi ya riga ya bi hanyar a ransa, da ramukanta da hawanta.

Kusan kowa na wannan aiki dare da rana. Waɗanda suka san ana iya horar da shi, kuma ana iya yin asararsa, su ne kaɗan.

Ga yadda abin yake. In ka kalli dutsen Kagoro, haske ne ke shiga idonka, jijiyar gani ta ɗauki saƙon ta kai shi can wajen ƙeya, inda sashen gani na ƙwaƙwalwa yake. Daga nan saƙon ya yi gaba zuwa sassan da ke tantance ko mene ne, kuma a ina yake. In kuwa ka runtse ido ka hasko dutsen, tafiyar juyawa take yi. Sashen goshi, mai ƙulla niyya, shi ke ba da umarni. Ma'ajiyar tunawa ta fito da abin da ta adana. A tura shi baya zuwa waɗannan sassa na gani dai. Kayan aikin kusan ɗaya ne, sai dai saƙon da ya taso daga ciki ya fi rauni. Shi ya sa hoton zuci yake dishi-dishi, da ka ɗan saki hankali ya watse.

Duk da rauninsa, jiki yakan ɗauke shi da gaske. Hasko ana matsa maka lemun tsami a harshe, ka ji yadda yawu ke tsinkewa. A 2014 masu bincike a Jami'ar Oslo ta ƙasar Norwe sun auna ɗan baƙin da ke tsakiyar ido, suka ga yana tsukewa in mutum ya suranta haske mai ƙarfi, yana buɗewa in ya suranta duhu, alhali hasken ɗakin bai canza ba. Wanda ya fi ba ni mamaki kuma shi ne na birnin Milan a Italiya. A 1978 Edoardo Bisiach da Claudio Luzzatti sun gwada wasu marasa lafiya biyu da suka sami rauni a ɓarin dama na ƙwaƙwalwa, irin raunin da ke sa mutum ya daina lura da duk abin da ke hagunsa. Aka ce su suranta suna tsaye a babban dandalin birnin suna fuskantar majami'a, su lissafo gine-ginen da suke gani. Suka lissafo na dama, suka bar na hagu. Aka ce to, yanzu ku juya, kuna bakin ƙofar majami'ar kuna kallon dandali. Sai ga waɗanda suka tsallake ɗazu sun fito, waɗanda suka ambata kuma sun ɓace. Dandalin gaba ɗaya na nan a ajiye, abin da ke haska shi ne ya lalace a gefe guda.

Abu na gaba da ya kamata ka riƙe shi ne, ƙwaƙwalwa ba ta ajiye hoto ɗungurungum. Gutsi-gutsi take ajiyewa, launi a nan, siffa a can, murya da ƙamshi a wani wuri, sai an buƙata a harhaɗa. Mai haɗawar wani ɗan sashe ne a can ciki, daura da kunne, da ake kira hifokamfas. Tsofaffin ma'aikatan reluwe za su gane aikinsa da sauri. Tun shekarun 1920 Kafanchan mahaɗa ce: tarago ya zo daga Fatakwal da Inugu, wani daga Jos, wani daga Kaduna, a kwance wannan a ɗaura wancan, a tayar da jirgin da jiya babu shi. Abin lura, mahaɗar da ke haɗa maka jiya ita ce dai ke haɗa maka gobe. A 2007 Demis Hassabis da Eleanor Maguire da abokan aikinsu a Landan sun nemi mutanen da hifokamfas ɗinsu ya lalace su suranta kansu kwance a bakin teku. Yawancinsu sun iya ambaton rairayi, da ruwa, da shuɗin sama, amma abubuwan sun ƙi haɗuwa su zama wuri guda.

To, tunda da abin da aka ajiye ake gini, wanda bai ajiye ba ba shi da abin haɗawa. Dubi kawunan yumɓun Nok, can ƙasar Jaba kusa da Kwoi, waɗanda masu haƙar kuza suka fara tonowa a 1928. Wanda aka kai wa masanin kayan tarihi Bernard Fagg a 1943 daga wajen Jema'a, an ce sai da ya yi aikin mutum-mutumin korar tsuntsaye a gonar doya kafin a san darajarsa. Babu ɗan Adam mai ido kusurwa uku da huda a tsakiya, babu mai kai da ya rinjayi gangar jiki haka. Magininsu, sama da shekara 2,000 da suka wuce, a ransa ya fara ganin abin. Amma dubi kitson, dubi duwatsun wuya da na hannu: wannan mutum ya zauna ya ƙare wa mutanensa kallo.

Saboda haka ka koyi kallo da gangan. Hanya mafi sauƙi ba ta cin ko kwabo. Ɗauki abin da kake son sani, zanen zuciya da jijiyoyinta ne in kina Kwalejin Jinya da Ungozoma ta Kafanchan, kaburetan babur ne in kana koyon kanikanci, yankan hannun riga ne in kina wajen tela. Kalle shi na minti ɗaya, ka rufe, ka zana shi da ka a takarda ko a ƙasa, sannan ka buɗe ka gwada da na ainihi. Munin zanen ba komai ba ne. Inda ka yi kure ake nema, domin nan ne idonka ya wuce bai ɗauki komai ba. A kallo na biyu can zai nufa da kansa. Wanda ya yi haka sau uku ya fi wanda ya zura wa shafi ido awa guda.

Yanzu ga inda nake so mu daɗe, domin nan aka fi ɓata mutane. Ana yawan gaya wa matasa, a taron ƙara wa juna sani da bidiyon waya, har a wasu wuraren wa'azi, cewa ka hasko kanka cikin mota, ka hasko kanka da rigar kammala karatu, abin zai zo. Sauraron wannan magana da daɗi, amma da aka gwada ta ba ta ci ba. A 1999 Lien Pham da Shelley Taylor na Jami'ar Kalifoniya da ke Los Anjelis sun raba ɗalibai 'yan kwanaki kafin jarrabawa. Wasu aka ce kullum su ɗauki 'yan mintuna suna hasko kansu sun sami maki mai yawa suna murna. Wasu aka ce su hasko kansu suna karatun: a ina za su zauna, da wane lokaci, wane babi za su buɗe, yadda za su ƙi fita yawo. Masu hasko karatun sun fi yin karatu, sun kuma fi cin jarrabawar. Masu hasko murna kuwa, karatunsu ma raguwa ya yi. Gabriele Oettingen ta sami irin wannan a wajen ɗalibai masu shirin neman aiki: waɗanda suka fi nutsewa cikin mafarkin samun babban aiki su suka fi ƙarancin aika takardun nema, kuma bayan shekara biyu su ne masu ƙaramin albashi.

Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Tunda jiki na ɗaukar hoton zuci da gaske, in ka sha daɗin nasara a ranka, ka ɗanɗani ladan tun ba ka yi aikin ba, sai zafin nema ya huce. Masu cin kuɗin mutane sun san wannan sarai. Wanda ya tuna MMM, da ta rufe asusun jama'a a Disambar 2016, zai tuna cewa ba lissafi aka sayar wa kowa ba, hoton fili da mota aka sayar. Shagunan cacar ƙwallo da suka cika gari, hajarsu ke nan har gobe.

Bitar aiki a zuci kuwa wani abu ne daban, kuma tana ci. A 1995 Alvaro Pascual-Leone da abokan aikinsa a Amurka sun koya wa mutanen da ba su taɓa kaɗa fiyano ba wani ɗan salon kiɗa na yatsu biyar. Rukuni ɗaya suka yi ta kaɗawa awa biyu kullum har kwana biyar. Ɗaya rukunin suka zauna gaban fiyanon tsawon wannan lokaci suna kaɗawa a rai, yatsa bai motsa ba. Da aka auna sashen ƙwaƙwalwa mai sarrafa yatsu, ya sauya a rukunin biyu. Masu yi a rai ba su kai masu yi da hannu iyawa ba, kada a yi ƙarin gishiri, amma da aka ba su awa biyu kacal suka taɓa fiyanon, sai suka kamo su. Mai kaɗa molo ko jita a coci, da ɗan ƙwallo mai bugun fanareti, da mai koyon tuƙi, duk wannan labari nasu ne.

Ga yadda ake yi. Mu ɗauki ɗalibar jinya da za ta auna hawan jini gobe a gaban mai ba da maki. Ki zauna inda ba hayaniya, minti biyar zuwa goma sun isa. Kada ki kalli kanki daga nesa kamar a fim, ki shiga cikin jikinki, ki ga hannuwanki ta idonki. Kin wanke hannu, kin gaida maras lafiya, kin gaya masa abin da za ki yi. Kin naɗa maɗaurin a damtsensa sama da gwiwar hannu, kin laluba jijiya da yatsu, kin hura iska, kina sakinta a hankali, kunne na jiran bugun farko. Ki ji sanyin ƙarfen abin sauraro, ki ji taurin robar hurawa a tafin hannu. Kuma ki bi shi da saurinsa na gaskiya: aikin da ke cin minti uku, in kin gama shi a rai cikin daƙiƙa ashirin, tsallake kika yi. Inda hoton ya tsaya cak, ko ya yi duhu, ki yi murna, kin gano gurbin da ba ki iya ba tun a ɗaki. Tashi ki duba littafi ko ki tambayi ta gaba da ke.

Sharaɗi guda: sai abin da aka taɓa gani an yi daidai, ko aka taɓa gwadawa da hannu, ake bitarsa. Wanda ya yi ta maimaita kuskure a ransa, kuskuren yake kafawa.

Sannan ki sa cikas a ciki da gangan. Malamar ta haɗe rai, hannunki na rawa, bugun farko ya wuce ba ki ji ba. Me za ki yi? Ki yanke tun yanzu: in ban ji ba, zan saki iskar duka, in nemi afuwar maras lafiya, in ɗan dakata, in sāke. Masanin halayyar ɗan Adam Peter Gollwitzer ya daɗe yana nuna cewa niyyar da aka ƙulla da "in kaza ya faru, zan yi kaza" ta fi cika a kan "zan yi ƙoƙari". Ba a fafe gora ranar tafiya. Ɗalibin Kwalejin Ilimi ta Gidan Waya da za a tura makaranta koyon koyarwa, ya hasko yaron da zai jefo tambayar da bai san amsarta ba, ya shirya abin da zai ce. Manomin citta a Kachia ko Kagarko ko Jaba ba ya buƙatar a koya masa hasko farashin buhu, wannan yana zuwa da kansa. Abin da ya kamata ya zauna ya hasko kafin shuka shi ne irin damunar 2023, da wata cuta ta sa ganye ya yi rawaya, citta ta ruɓe a ƙasa, gonaki suka tashi a tutar babu. Daga ina irina ya fito? Ina ruwa ke kwanciya a gonar nan? In ta sāke faruwa, akwai masara ko acca a gefe da za ta riƙe gida, ko duk jarin na zuba wuri ɗaya, har da bashi? Ba mugun fata ba ne. Amsoshin nan a watan Maris suke da amfani, a Agusta sai dai jaje.

Ga masu hadda kuma akwai wata tsohuwar dabara tun zamanin Girkawa. Hifokamfas gwanin wuri ne. Shi ya sa a 2000 Maguire ta tarar bayansa ya fi girma a direbobin tasin Landan, masu haddace dubban tituna. To, ka ba shi abin da ya iya. Zaɓi hanyar da ka sani kamar yunwar cikinka, a ce daga ƙofar gidanku zuwa kasuwa, ka tsayar da wurare goma a jere: mai shayi, famfo, bishiyar mangwaro, shagon caji, haka dai. Kowane abu da kake son riƙewa ka mai da shi hoto, ka ajiye a wuri guda, kuma hoton ya zama na ban dariya ko na ban mamaki, don shi ya fi zama. Ranar jarrabawa sai ka taka hanyar a rai kana tsinta. A wani gwaji da Martin Dresler ya jagoranta, aka buga a 2017, mutanen da suka yi horon rabin awa kullum na kwana 40 sun tashi daga tuna kalma 26 cikin 72 zuwa 62. Alarammomi da ke hana ɗalibi sauya bugun Alƙur'anin da yake hadda da shi, da iyayenmu na Zumuntar Mata da suka san ayar tana saman shafi ta hannun hagu ko da sun manta lambarta, wannan gaɓar suke mora. Sai dai dabarar ta jeri ce, sunayen ƙasusuwa, matakan aiki, shekaru. Ba ta maye gurbin fahimta.

Wataƙila tun tambayar ƙofofi wani mai karatu yake cewa, ni fa ban ga komai ba, na dai san adadin. Lafiyarka ƙalau. Tun 1880 Francis Galton ya tambayi mutane a Ingila su suranta teburin karin kumallonsu, ya tarar wasu, har da manyan masana kimiyya, ba sa ganin komai. A 2015 Adam Zeman na Jami'ar Exeter ya raɗa wa yanayin suna afantasiya, kuma ana ƙiyasta mutum 1 zuwa 4 cikin 100 haka suke. Ed Catmull, ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa kamfanin fina-finan zane na Pixar, ya faɗa da bakinsa cewa shi ma haka yake. In kana cikinsu, yi bitar da magana da motsin hannu, ka faɗi matakan a fili, ka zana a takarda. Malamai kuma, in kun ce wa aji su rufe ido su hasko, yaro ya ce duhu kawai yake gani, ba iskanci ba ne, a ajiye bulala.

Saura ɓangaren da ba a son taɓawa. A ƙasar nan tamu akwai masu ɗauke da hotunan da ba su gayyata ba. Rikice-rikicen Kafanchan a 1987, Zangon Kataf a 1992, Zonkwa da Kafanchan a 2011, Godogodo a 2016, da hare-haren dare da garkuwa da mutane da suka biyo baya, ba gidan Musulmi ko na Kirista da zai ce bai san wani da abin ya shafa ba. Ƙarar salansar babur ko ƙaurin taya ya isa ya dawo wa mutum da ranar gaba ɗaya, zuciya na dukan uku-uku, gumi na karyowa. Ba raunin imani ba ne. Tsoro mai tsanani yakan kafa gutsattsarin hoto da ƙarfi ba tare da an ɗaura musu lokaci da wuri ba, sai su riƙa dawowa kamar yanzu abin ke faruwa.

"Ka cire abin a ranka" ita ce shawarar da aka fi bayarwa, kuma ita ta fi rashin amfani. A 1987 Daniel Wegner ya hana mutane tunanin wata farar dabba na minti biyar, dabbar ta yi ta faɗo musu, da aka sake su kuma ta ƙara yawa. In hoton ya taso, buɗe ido za ka yi, ba runtsewa ba. Taka ƙasa da ƙarfi, ka ambaci abubuwan da ke gabanka ɗaya bayan ɗaya, ka faɗi ranar yau da inda kake, da addu'ar da ka saba. Aikin da ke cinye ido da hannu ma na taimakawa, domin gani da hoton zuci wuri ɗaya suke rububi. Emily Holmes da abokan aikinta sun gwada wannan a wani asibitin Oxford da mutum 71 da suka yi haɗarin mota: waɗanda aka sa suka ɗan tuno haɗarin sannan suka buga wasan bidiyo na Tetris na minti 20 cikin awa shida na farko, hotunan sun fi ƙarancin dawo musu a makon da ya biyo. Wannan taimakon farko ne, ba magani ba. Mai mugun mafarki iri ɗaya kullum kuma, likitoci na koyar da wata hanya: da rana, ido biyu, ka sauya labarin mafarkin yadda kake so, ka riƙa bitar sabon na 'yan mintuna kullum. In abin ya wuce wata guda yana hana barci ko aiki, ko mutum ya fara neman sauƙi a kwalba ko ƙwaya, a je babban asibitin Kafanchan a nemi a tura shi ga masu kula da lafiyar ƙwaƙwalwa. Asibitin tarayya na Barnawa a Kaduna aikinsa ke nan.

Akwai kuma tsofaffinmu. Kakar da idonta ya yi rauni saboda yanar ido ko hawan jinin ido, wata rana sai ta ce tana ganin yara ƙanana sun shigo ɗaki, ko furanni a bango, ko mutane cikin ado suna wucewa shiru. Kafin a ce aljanu, ko a fara raɗe-raɗin maita, a san cewa tun 1760 Charles Bonnet na Janeba ya rubuta irin wannan game da kakansa mai yanar ido, wanda hankalinsa ke nan garau. In saƙon ido ya ragu, sashen gani ba ya zama haka nan, sai ya fara fito da nasa. Alamarsa ita ce hotunan ba sa magana, kuma mai ganinsu yakan gane ba gaskiya ba ne. Da yawa suna ɓoyewa don gudun a ce sun taɓu, saboda haka a tambaye ta a hankali: "Kaka, idon nan yana nuna miki wasu abubuwa?" Ƙara hasken ɗaki, ƙifta ido da sauri, ko kai ido dama da hagu na ɗan lokaci yakan kore su. A kai ta a duba idon, a nan kusa ko a Cibiyar Ido ta Ƙasa da ke Kaduna, domin in yana ce, aiki na iya dawo da ganin. In kuwa gane-ganen sun zo farat ɗaya tare da zazzaɓi, ko ruɗewa, ko jin muryoyi, ko bayan an fara sabon magani, wannan wani abu ne daban, a kai ta asibiti a ranar.